Studiyon da ya haɗa mani fim ɗin ƴan biɗa a Yamai, daɗinsa da ɗacinsa

Assalamu alaikum jama'a. Tun da na komo Tawa da diskin fim ɗin nan cikin jakata mutane ke ta tambayata ina anka haɗa shi, nawa na kashe, in sun tahi za a yi masu aikin kirki ko kuwa asarar kuɗɗin mota za su yi, har wani ƙanen abokina da ke karatu a IFTIC, makarantar koyon aikin jarida ta Yamai, ya kira ni sau ukku cikin sati guda don shi ma yana da nashi labarin da yake son ɗauka wajen Abalak. To ga bayanin gaba ɗaya in huta. Ba zan kama sunan wurin ba, saboda akwai abubuwan da sunka ɓata mani rai kuma sai na faɗe su, ban so a ce na taso ɓata ma bayin Allah sana'a. Wani ɗan studiyo ne a Yamai, ɗaki ukku bisa bene, ƙasansu ana saida kayan waya. Abincinsu na kullum bidiyon biki da suna da tallar ƴan kasuwa da rahotannin porje, amma suna ba da hayar kamara kuma suna yin montaji, wato yankawa da jera hotunan fim, kuma maigidan wurin ya daɗe cikin aikin talabijin kafin ya buɗe nashi.

Ni ba ɗan sinima ba ne, malamin makaranta ne kuma ina noman albasa da rani. Abin da ya kai ni ga wagga hanya yayana ne, wanda nike bi mawa. Ya tahi Libiya shekara tara ke nan, shekara biyun farko yana aiko kuɗɗi yana kiran inna duk Juma'a, daga nan waya ta daina shiga, shiru har yau. Matarshi na nan gidanmu da ɗiya ukku, malamai sun gaya mata in ta kai magana gaban alƙali ta jira shekara huɗu sannan ta yi takaba tana iya aure, ta ce ita ba ta kai ƙarar wanda ba ta ga gawarshi ba. Kuma duk wanda ya san Adar ya san ba gidanmu kaɗai ba ne. Da an gama kaka an sa hatsi rumbu, ka shiga ƙauyukan Keita ko Buza ko Illela ko Tamaske, sai tsohhi da mata da yara, maza sun tahi biɗa, wasu Abijan wasu Legas wasu Kamaru wasu Libiya wasu Aljeriya, sai damina ta kusa ka ga ana saukowa daga mota da katifa da rediyo, wanda bai sauko ba kuma a yi ta sauraren waya. Fim ɗin da nike so in yi ke nan, na waɗanda anka bari gida, da waɗanda sunka komo hannu wofi, sannan daga baya na ƙara da baƙinmu da sunka gudo daga Sakkwato.

Ranar da na fara hawa benen nan na tahi ne da niyyar kamara mafi tsada da ke gare su, don ni a tunanina hoto shi ne fim. Maigidan ya zaunar da ni ya sa anka kawo shayi ya ce malam gaya mani labarin tukuna. Na yi ta zuba kusan minti arba'in bai katse ni ba. Da na gama sai ya ce to kai ba babbar kamara kake bukata ba, kunne kake bukata, mutanen da za ka ɗauka magana za su yi maka, in hoto ya ɗan yi duhu mai kallo na haƙuri amma in iska ta cinye maganar tsohuwa ka yi asarar tahiyarka. Ya hana ni babbar da zai ci riba da ita, ya haɗa mani matsakaiciya da ƙafa ukkunta, mikro biyu ƙanana na maƙalawa ga wuyan riga, mikro guda dogo da hular gashin nan da ake sa mishi don iska, kaske na saurare, batir shidda, kat memwar huɗu, da ɗan pano na caji. Sati ukku jikka 300, na ba da awansin rabi anka ba ni rasi, na bar kwafin kat dantite. Kuma yini biyu cur yaronshi mai kula da sauti ya zauna yana koya mani, ba su karɓi ko dala ba a kan wannan. Ya sa ni in ɗauki mai shayin ƙasan bene sau wajen goma har sai da na gane inda ake tsai da allurar sauti kada ta shiga ja.

Kayan sun yi aiki, gaskiya. Watan Janairu na hita, tsakiyar hunturu, ƙura ta ko'ina, kuma wanga ɗan buroshi da famfon iska da sunka sa mani cikin jaka da na raina su sunka cece ni, duk dare sai na share gilashin. Batir biyu cikin shiddan sun gaji, ba su wuce minti ashirin, wannan laifinsu ne don ya kamata su gwada kafin su ba mutumin da zai tahi inda babu wuta, na gaya masu da na komo sunka amsa sunka rage mani jikka 10. Pano kuwa ya yi ƙanƙanta, sai da na riƙa aika batir wajen mai cajin waya ranar kasuwa.

Amma abin da ya sa nike ganin wurin nan ya bambanta da sauran masu ba da haya, takarda ce guda da ya miƙo mani zan hita, ya ce karanta. Ba kwantiragin haya ba, a'a, tambayoyi ne da zan yi ma duk wanda zan ɗauka kafin in kunna komi. Ka gaya mishi fim ɗin ina za shi, ka gaya mishi yana iya shiga Facebook da WhatsApp ya kai inda ba ka zata ba, ka tambaye shi yana son fuskarshi ta hito ko a ɓoye, sunanshi fa, sunan garinsu fa, ka gaya mishi ba ka raba shinkafa ba ka rubuta sunaye don taimako, kuma in ya canza ra'ayi gobe yana da ikon ya ce a cire shi. Ya ce kada ka ba wanda bai iya karatu ba takarda ya dangwala yatsa, wannan ba yarda ba ce, ka ɗauki yardar da bakinshi cikin kamara da harshen da yake ji. Na ga amfanin wannan a Bangi, can gundumar Madawa kusa da iyaka, inda mutanen Sabon Birni da Isa da kewaye sunka gudo saboda ƴan bindiga. Ina sauka da kamara mata sunka taru sunka yi layi, suna zaton rajista ce, kowace riƙe da ɗanta. Da na karanta masu abin da ke cikin takardar layin ya watse, saura mutum bakwai, kuma waɗannan bakwai ɗin su ne sunka ba ni maganar da ta riƙe fim ɗin don ba su jiran komi daga gare ni. Wata dattijuwa cikinsu ta ce mani ɗana, tambaya dai kowa ya zo sai ya yi muna, ranar da anka kashe wa, da ƙarfe nawa, mutum nawa, ba wanda ya taɓa tambayata mi nike nomawa can gida. Na ce inna mi kike nomawa. Ta yi minti ashirin da biyar tana lissafa mani gero da wake da kuɓewa da ƴar fadamarta da sunan kowace akuya, ba ta yi kuka ba ko sau guda, ni ne na riƙa share ido bayan kamara.

Na komo da awa 31 na ɗanyen hoto. Anan ne ainihin aikin studiyon ya fara kuma anan ne na san kuɗɗina bai tahi banza ba, ko da yake anan ne kuma munka yi ta samun saɓani. Montaji munka yi jinga jikka 400, da gyaran kala da gyaran sauti a ciki. Maigidan da kanshi ya zauna bisa kwamfuta, bai bar ma yara ba. Abu na farko da ya yi, kwana huɗu bai yanke komi ba, kallo kawai yake yana rubutu cikin kaye, wa ya ce mi a minti na nawa. Ni har na fara ƙosawa don kwanakin hutuna na tahiya kuma gidan ɗan'uwa nike kwana a Talaje, kullum taksi biyu zuwa biyu komowa. Amma da ya fara jerawa na gane ya san mutanen nan kamar tare munka tahi, yana cewa kawo mani maganar mai jan mayafi ta biyo bayan ta makanikin nan, don abu guda suke faɗi ba su san juna ba.

Akwai wani saurayi da na ɗauka a nan Tawa wanda anka koro daga Aljeriya. Ya ba da labarin yadda anka kwashe su cikin manyan motoci anka zube su wurin da ake ce ma Puwan Zero, sunka taka kamar kilomita 15 cikin rairayi kafin su iso Asamaka, garin farko cikin Nijar, kuma kafin wannan ya taɓa zama gidan bashi a Sabha ta Libiya, inda ake kulle mutum ana dukanshi ana kiran iyayenshi a waya su ji ihu su aiko kuɗɗi. Ya ce a ɓoye fuskarshi don har yanzu akwai wanda ke binshi bashin hanya. Ni a sanina ɓoye fuska shi ne a sa wannan hazon bisa ido da hanci shi ke nan. Maigidan ya tsai da hoton ya ce malam duba da kyau. Ga tabo a bayan hannunshi, ga zoben azurfa, ga lambar babur ɗin maƙwabci a bayanshi, ga allon wani shago ana karanta rabin sunan, kuma muryarshi tana da wata ƴar in'ina da duk ɗan unguwarsu zai gane. Yini guda ya kashe a kan minti huɗu na yaron nan, ya yanke hoton ya matso da shi, ya rufe abin rufewa, ya sauya kaurin muryar ba tare da ta koma kamar ta aljani ba yadda ake yi a wasu rahotanni, kuma inda yaron ya ambaci sunan koksan, wato dillalin hanya, da ya kai shi geto, gidan da ake tara matahiya a Agadas, ya cire sunan. Sannan ya ce in tura ma yaron ya gani kafin mu wuce. Wallahi da wani wuri na kai aikin da an sa hazo an karɓi kuɗɗi, ni kuma in je in jefa yaron mutane cikin masifa ban sani ba.

Inda munka yi gardama sosai wajen kukan matar yayana ne. Akwai inda take magana a kan takalmanshi da ta ajiye ƙarƙashin gado sai ta fashe da kuka, ni kuma na bar kamara na tahiya kusan minti biyu, har na matso da hoton kusa da fuskarta. Ni ina son a sa shi duka, don ina son duniya ta ji abin da muke ji. Shi ya ce a'a, a yanke daidai inda ta ja mayafi ta rufe fuska, don da ta rufe fuska ta gaya maka iyakar abin da ta yarda a gani. Na ce ai gidanmu ne, ni ne ƙanen mijinta. Ya ce shi ya sa ba za ta iya ce maka kashe kamara ba. Raina ya ɓaci na sauka ƙasa na yi kusan awa guda zaune wajen mai shayi. Da dare na kira ta na tambaye ta, ta yi shiru sannan ta ce in dai da hali kada ɗiyanta su gan ta haka. Munka yanke inda ya ce.

Ba ko'ina yake da gaskiya ba amma. Ya so ya buɗe fim ɗin da hoton hamada daga sama, irin na jirgi maras matuƙi, da Hilux cike da mutane sun rataye ƙafafu suna riƙe da sanduna, yana da irin hoton a ajiye daga wani tsohon aiki, ya ce shi masu bikin fina-finai na waje ke so su gani da farko. Na ƙi. Duk fim ɗin da Turawa sunka zo sunka yi a kan Agadas tun da anka kafa dokar nan ta 2015 mai hana jigilar baƙin haure, wadda anka soke a watan Nuwamba 2023, da wannan hoton yake farawa, kamar labarin Nijar bai wuce hanya ce da wasu ke bi su tahi Turai ba. Mutanena ba Turai za su ba. Yayana bai taɓa mafarkin Italiya ba, buhun gero da kuɗɗin rufin kwano ya tahi nema. Mutum 92 ɗin nan da sunka mutu da ƙishirwa kusa da iyakar Aljeriya a watan Oktoba 2013, mafi yawansu mata da yara ne ƴan ƙasar nan daga wajen Kance, ba teku sunka nufa ba. Na ce fim ɗina da rumbu zai fara, da mace tana auna hatsi da tiya tana lissafin wata nawa zai kai su. Ya yi ta ja, daga ƙarshe ya bar mani, kuma da ya ga an jera ya ce haka ya fi. Kiɗa ma ya so ya zuba mani wani na piyano mai sa tausai daga farko har ƙarshe, na ce a cire, munka bar sautin daka da kukan jaki da iska da kiran salla daga nesa, da wata waƙar daka da matan sunka yi da kansu.

Yanzu ga inda sunka ba ni haushi na gaske, fassara. Tun farko na zaci rubutun Faransanci na ƙasan hoto yana cikin jingar, don mun yi maganar da baki, ashe shi bai lissafa da shi ba, da munka zo wurin sai ga wata faktir jikka 120. Ba a rubuta ba, ba ni da hujja, na biya. Wannan da sauƙi. Wadda sunka ba aikin wata matashiya ce mai ilimi ƙwarai, Faransancinta ba laifi, amma tashin Yamai ce, Hausar kasuwa da ta makaranta take ji, ba ta taɓa kwana ƙauyen Adar ba, kuma ba wanda ya ce mani in zo in zauna kusa da ita. Sai da anka gama anka kunna mani na ga abin da ya tsai da mani numfashi. Duk inda mace ta ce mijina ya tahi biɗa, an rubuta ya yi hijirar ɓoye, kilandestan. Subhanallahi. Mutumin da ya hau mota a tashar Tawa da rana tsaka da kat dantite ɗinshi ya tahi Abijan, hanyar da ubanshi da kakanshi sunka bi, a lokacin da yarjejeniyar 1979 ta Sedeyawo, ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma, ta ba shi ikon shiga ba biza, shi ne anka maida mai laifi da kalma guda. Inda tsoho ya ce yaran sun tahi cin rani, wato su rage ma rumbu baki har damina, an rubuta sun gudu daga talauci. Inda dattijuwar Bangi ta ce mu baƙi ne nan amma ba bare ba, don kakarta ƴar wannan gefen ce kuma kasuwa guda suke ci tun kafin a ja iyaka, an taƙaice shi an ce mu ƴan gudun hijira ne. Ita kuwa duk hirarmu ba ta kira kanta da wannan suna ba ko sau guda, gudun tsira ta ce, kuma ta ce zama na ɗan lokaci.

Na ce ba zan karɓa ba. Matashiyar ta ji ba daɗi, ta ce malam haka ake rubutawa cikin rahotannin porje, su kalmomin da masu ba da kuɗɗi sunka sani ke nan, kuma layi biyu kaɗai gare ta a ƙasan hoto, harafi ƙididdigagge, ba ta iya zuba bayani. Maganarta ta biyu gaskiya ce, wurin rubutun kaɗan ne kuma mai kallo na da daƙiƙa ƙalilan ya karanta. Amma na ce mata ƙanwata in wuri ya yi kaɗan a rage magana, kada a sauya ta. Munka zauna ni da ita kwana biyar layi bayan layi, wani wuri munka bar kalmar biɗa yadda take munka bayyana ta sau guda a farko, kuma in faɗi gaskiya da ta gane abin da nike nufi ita ta riƙa tsai da ni tana cewa wannan karin maganar fa mi take nufi, har ta cika rabin kaye da kalmomin Adaranci. Ba su ƙara mani kuɗɗi a kan gyaran ba. Amma da ban iya Faransanci ba fa? Da haka fim ɗin zai hita, iyayena na faɗin abu guda rubutu na faɗin wani, kuma wanda ke kallo a waje rubutun zai gaskata. Studiyon da ya san ya ɓoye zoben yaro don kare shi bai kamata ya yi sakaci da wannan ba, kuma na gaya ma maigidan haka a gaban yaranshi.

Sai lokaci. Sati huɗu anka ce mani, wata ukku da kwana goma ya ɗauka. Wani jinkirin ba laifinsu ba ne, zafi ya shigo ana ta ɗauke wuta, gurup ɗinsu ƙarami ne ba ya ɗaukar kwamfuta da kilim tare, in anka kashe kilim kuma injin ya yi zafi ya tsaya. Amma mafi yawa bukukuwa ne, da an kawo aikin aure mai biya nan take sai a ture nawa gefe, in kira a ce gobe in sha Allah, goben ta zama sati. Sau ukku ina hawa mota Tawa zuwa Yamai, kilomita wajen 550 ta Ƙonni da Dogon Dutsi da Doso, sau guda ma na iso na tarar maigidan ya tahi ɗaukar biki a wani gari ba wanda ya sanar da ni. Kuma kada ka yarda ka bar ɗanyen hotonka a diskinsu kaɗai. Nasu guda ya lalace ana tsakiyar aiki, hirar mutum biyu ta tahi da shi, Allah ya sa yaron sautin ya matsa mani tun farko na sayi diski nawa na kwafe komi, da shi munka maido.

Wata rana muna jiran wuta ta komo maigidan ya ce mani ka san kai ɗan Tawa bai kamata kamara ta zama baƙuwa gare ka ba, Mustafa Alasan a garinku ya zauna shekara da shekaru yana aikin sinima har ya rasu a 2015. Kuma Umaru Ganda da anka sa ma gidan al'adu na Yamai sunanshi, shi kanshi ɗan biɗa ne, dako yake yi a tashar jirgin ruwa ta Abijan lokacin da ya fara shiga fim, kuma shi ya fara cin babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka na Wagadugu, a 1972. Na daɗe ina juya wannan a raina, ashe sinimar ƙasar nan ma daga cikin ƴan cin rani ta tsiro.

Fim ɗin ya hito minti 52. Sun ba ni shi kala ukku, babba na majigi, matsakaici, da ƙarami mai sauƙin turawa a waya, wannan ba su caje ni ba. Sautin tsaf, ko inda tsohuwa ke magana ƙasa-ƙasa iska na kaɗawa ana jin kowace kalma. Kalar ma sun gyara, sun bar jar ƙasar Adar da duwatsunta yadda suke ba su maida ta ruwan ɗorawa irin na fim ɗin hamada ba. Farkon inda na nuna shi ƙauyenmu ne, bayan isha'i, munka rataya farin zane a bangon makaranta munka ɗauko gurup na mai markaɗe. Da matar da ke auna hatsi ta hito mata sunka yi ta dariya suna kiran sunanta, da anka zo wajen takalma wurin ya yi tsit, inna ta tashi ta shiga gida ba ta ƙarasa ba. Washegari maza ukku da sunka komo daga Libiya waɗanda da farko sunka ƙi yi mani magana sunka same ni sunka ce in akwai na biyu suna ciki.

To wanda ya tambaye ni ko ya tahi wurin, ina cewa ya tahi, musamman in labarinshi na mutanen da ke cikin haɗari ne, waɗanda sunka gudo daga Mali ko Najeriya ko namu na gida da sunka bar garuruwansu wajen Tiliya bayan kisan watan Maris 2021, don ban ga wanda ya san darajar rufa asirin mai magana kamar mutumin nan ba. Amma ka sa a rubuta komi cikin kwantiragi har fassara da ranar gamawa, ka gwada kowane batir a gabansu, ka zo da diskinka, kada ka kai aiki lokacin da bukukuwa sunka yi yawa, kuma ranar fassara ka ja kujera ka zauna ko ka kawo ɗan garin da anka yi hirar. Duka-duka da haya da montaji da fassara da diski da kuɗɗin mota na kashe kusan miliyan guda, kuɗɗin albasata na bara gaba ɗaya da ɗan bashi bisa. Akwai hira biyu da na ɗauka da Tamashek wajen wasu mata da sunka taɓa zama Intikan, wurin da anka sauke ƴan gudun hijirar Mali, ba su shiga wannan ba don studiyon ba su da mai jin harshen, na samu wani malami ɗan Cintabaraden da ya yarda zai raka ni, in an yi hutun makaranta za mu hau mota tare mu koma benen.